Bugu Uku a Ƙirji

Akwai wani ɗan wasan barkwanci da jama'a suka laƙaba wa Hula Bakwai, har sunansa na yanka ya ɓace a bakin mutane. Allah ya ba shi kunne, ya ba shi baki. In ya zauna da mutum minti biyar, to ya kwashe muryarsa da tafiyarsa da yadda yake sosa ƙeya, ya zuba a aljihu. Baiwa ce, babu mai musu. Amma yana da mugun hali guda ɗaya: bai ɗauki kowa a bakin komai ba sai abin dariya. Ko gaisuwa kake yi masa, ba saurarenka yake yi ba, auna ka yake. Tun ranar da aka fara tafa masa kansa ya kumbura, ya yanke wa ransa cewa duk abin da ya sa mutane dariya halal ne.

Laƙabin daga wasansa ya fito. Wani tsohon darakta ne ya koya masa sana'a a wani ƙaramin zauren wasa mai kujerun ƙarfe ɗari biyu da fanka uku, ɗaya ma ba ta juyawa. Ana jera huluna bakwai a kan tebur, shida na mutanen ƙasashe maƙwabta. Ya sa ta farko, ya zama mutumin bakin teku, wanda in yana raɗa ana jinsa a layi na uku. Ya sa ta biyu, ya zama mutumin kan duwatsu, wanda ke kashe fitila in zai yi atishawa, wai kada haske ya tafi a banza idonsa a rufe. Haka zai bi su har shida. Ta bakwai kuwa ta 'yan ƙasarsa ce, mutanen da ba a taɓa jin "ban sani ba" a bakinsu ba. Ka tambayi ɗayansu hanyar asibiti, ya kwatanta maka dalla-dalla, har da lungu uku da wata doguwar bishiya, alhali shi ma jiya ya sauka garin.

Tsohon darakta yana da doka ɗaya da ba ya wasa da ita. Hula ta bakwai ce ke rufe wasa, kuma ita ce mafi tsawo. Yakan ce da shi, "Duk hular da ka sa wa wani, ka ƙare da taka. In ka yi wa mutum dariya ba ka tsaya an yi maka ba, ba wasa ka yi ba, jifa ka yi." Saboda wannan doka ne baƙi mazauna garin suka fi kowa cika zauren. Su daure a yi musu tatas, suna jiran lokacin da za su rama da shewa, sannan kowa ya fita yana share hawayen dariya.

Wanda ya ɗinka hulunan wani tsohon tela ne, mutumin tsallaken iyaka, wanda ya yi shekara arba'in a garin. Shagonsa a ƙarƙashin matakalar wani bene yake, da keken ɗinki na ƙafa, da almakashi ɗaure da igiya, da gwangwanin biskit cike da maɓallai. A nan Hula Bakwai ya ga 'yarsa tana guga, tun yana zuwa gwajin hula da takalmi ɗaya tal a duniya. Tsohon bai ja masa rai ba, ya ba shi ita. Da matar tsohon ta rasu, sai 'yar ta dawo da shi gidansu, aka ba shi ɗakin bakin ƙofa. Shi ke raka jikarsa makaranta kowace safiya kafin ya wuce shago.

Baba Tela, kamar yadda kowa ke kiransa, yana da wata ɗabi'a. Duk rigar da zai sa, sai ya ɗinka mata aljihu ta ciki, gefen hagu. A nan yake ajiye takardunsa, naɗe cikin leda, ɗaure da roba. Ba ya tsallake bakin kowace ƙofa sai ya bugi ƙirjinsa sau uku a hankali, ya ce ƙasa-ƙasa, "Suna nan." In kuwa ya ga mai kaki, ko da mai gadin banki ne, sai ya miƙe tsaye ya cire hula, ya ce, "Ranka ya daɗe, a kan ƙa'ida nake." A gidan babu wanda ya taɓa yi masa dariya a kan haka, kuma Hula Bakwai, da duk iya saurarensa, bai taɓa tambayar dalili ba.

Ana nan sai wani furodusa daga gidan talabijin ya zo zauren, ya kalli wasa, ya kira Hula Bakwai gefe. Ya yi masa tayin shiri na mako-mako, rabin awa, duk Asabar da yamma. Sharaɗi ɗaya ya gindaya: a cire hula ta bakwai. Ya ce lokaci ba zai isa ba, kuma masu talla ba sa son a taɓa mutanen da ke sayen kayansu. Hula Bakwai ko tunani bai tsaya yi ba.

Da tsohon darakta ya ji, ya tare shi a bayan dandali yana kwashe huluna cikin jaka. Ya tuna masa doka, ya ce masa abin da zai yi ba gyaran wasa ba ne, kashe shi ne. Hula Bakwai ya ɗaga kai ya dubi rufin zauren, ya ce, "Malam, shekara talatin kana bin doka, fanka uku ka tara, ɗaya ma ta mutu. Ka riƙe dokarka." Ya ɗauki hula ta bakwai ya rataye ta a ƙusar bango, ya fita ko sallama babu. Wannan tsohon daraktan ne fa ya ciyar da shi shekara huɗu yana koya masa yadda ake tsayuwa a gaban jama'a.

Shirin ya karɓu. Hula Bakwai ya sayi mota, ya sauya kujerun falo, ya koyi sa baƙin tabarau ko a cikin ɗaki. Amma kafin shekara ta zagayo huluna shida suka tsufa, mutane suka haddace su, furodusa ya fara ɗaure fuska yana cewa a kawo sabon abu. Wata safiya Hula Bakwai yana zaune a falo yana neman dabara, sai surukinsa ya fito riƙe da hannun jikarsa. Ya tsaya a bakin ƙofa, ya bugi ƙirji sau uku, ya ce, "Suna nan." Hula Bakwai ya bi shi da kallo har ya fita, yana murmushi. Wani da ke da kunya zai kau da kai. Shi kuwa tashi ya yi ya shiga gaban madubi.

Abin da ya fi muni shi ne yadda ya samu rigar wasan. Shagon Baba Tela ya je da kansa, ya durƙusa ya gaishe shi, ya ce yana son riga irin tasa sak, har da aljihun ciki, don ya ga tana da rufin asiri. Tsohon ya ji daɗi ƙwarai. Kwana biyu ya yi yana ɗinkin, ya ninka bakin aljihun sau biyu don ya yi ƙarko, ya miƙa masa yana sa masa albarka.

Ranar Asabar duk gidan suna falo kamar yadda suka saba. Hula Bakwai bai gaya wa kowa komai ba, ya ma miƙe ƙafa yana jiran yabo. Sai ga shi a talabijin cikin rigar, da furfurar ƙarya, an rubuta a ƙasa: Baƙo Mai Takarda. Ya dunƙule hannu ya daki ƙirji sau uku kamar mai kiɗan ganga, ya zaro ido ya ce, "Suna nan!" Ya ga ɗan makaranta da kayan makaranta, ya zube ƙasa yana rantsuwa a kan ƙa'ida yake. Ya shiga banɗaki ya bugi ƙirji, ya fito ya bugi ƙirji. 'Yan kallon situdiyo kamar su faɗo daga kujeru.

A falon kuwa babu wanda ya yi tari. Yarinyar ta dubi talabijin, ta dubi kakanta, ta rasa abin yi. Baba Tela ya kalla har ƙarshe, har tallar sabulu. Sannan ya dafa gwiwa ya tashi. Da ya kai bakin ƙofa hannunsa ya ɗaga zuwa ƙirji, ya tsaya a hanya, ya sauke shi. Ya wuce ɗakinsa ya turo ƙofa.

Matar Hula Bakwai ta tura yarinyar waje, ta kashe talabijin, ta tsaya a gaban mijinta. Ta tambaye shi ko ubanta ya taɓa yi masa wani laifi da ba ta sani ba. Ya ce shi bai ambaci sunan kowa ba. Ta ce ba sai ya ambata ba, duk layin teloli sun san mai rigar, kuma sun san wanda ya ɗinka ta.

"Ka ma san me yake bugawa?" in ji ta.

"Takarda mana. Mene ne a ciki?"

"Shekara tara kuna gida ɗaya, ba ka taɓa tambaya ba."

Ya tashi yana neman makullin mota, ya ce, "Matsalarku ke nan ku mutanen tsallake, ba ku san wasa ba."

Ita da aka haifa a asibitin da ke bayan layinsu, ita da ba ta taɓa taka tsallaken ba, yau mijinta ya ce mata "ku". Ta roƙe shi, don darajar 'yarsu, ya bar wasan nan daga wannan makon. Ya ce mata abin da ke ciyar da gidan ke nan, in ba ta so ta daina kallo.

Cikin wata biyu garin ya ɗauka. Direbobin tasi suna bugun ƙirji in sun ga baƙo ya tsayar da su. A kasuwa, duk wanda harshensa ya ɗan karkace sai a bi shi da "suna nan". Mutanen da suka yi shekara ashirin suna sayayya da juna, yanzu ɗaya na kwaikwayon ɗaya a gaban idonsa. Ƙungiyar baƙi 'yan kasuwa ta aiko dattawa uku su roƙi Hula Bakwai. Ya karɓe su hannu biyu, ya ba su lemo, ya saurare su da kyau. Asabar ta gaba sai ga su su ukun a talabijin, har da tarin babbansu. Yarinyar kuma ta dawo daga makaranta tana kuka, ta ce ita kada Kaka ya ƙara raka ta, 'yan ajinsu suna jeruwa a bakin ƙofa suna buga masa ƙirji. Baba Tela ya ji ta. Ya daina raka ta, ya daina zama a falo, ya koma fita tun kafin surukinsa ya tashi. Hula Bakwai ya lura da duk wannan, ya kira shi fushin tsofaffi.

Takardar izinin zaman Baba Tela duk shekara ake sabunta ta, kuma shekara arba'in bai taɓa makara ko da yini ɗaya ba. A wannan shekarar tsoron fita ya sa ya yi ta jinkiri har ranar ƙarshe. Da safe an yi ruwa, kwatoci sun cika. Yana tsaye a tashar bas sai wasu samari biyar suka gane rigar. Suka kewaye shi suna dariya, suna tambayarsa ko suna nan. Ya cire hula ya ce musu a kan ƙa'ida yake, abin da ya ƙara haukata su ke nan. Ɗaya ya zura hannu cikin rigarsa ya zaro ledar, ya jefa wa na biyu, na biyu ya jefa wa na uku, wani yana ɗauka da waya. Tsohon yana bin su da hannu biyu yana haɗa su da Allah. A jifa ta huɗu robar ta tsinke, takardun suka watse cikin kwata. Dattijo mai shekara saba'in ya shiga ruwan nan da gwiwoyinsa yana lalube, mutanen tasha suna kallo, wasu ma suna tafi.

Matar ta kira mijinta yana situdiyo ana manna masa furfura. Ya ce ta jira a gama ɗauka. Sai bayan awa uku ya iso gida. Ya tarar da ita a tsaye gaban teburin guga, ta shimfiɗa takardu uku a kan tawul, tawada duk ta narke. Tsohon yana zaune a ƙasa a kusurwa, wandonsa jiƙe da baƙin ruwa, ya ƙi a canza masa.

Ba ta ɗaga murya ba, ta nuna masa su ɗaya bayan ɗaya. Ta farko izinin zaman ubanta. Ta biyu takardar haihuwarta, wadda yake yawo da ita tun tana jaririya, don kada wata rana a ce ita ma ba 'yar nan ba ce. Ta uku tsohon izinin zaman mahaifiyarta, wanda ya daina aiki tun ranar da ta rasu.

"Hoton Inna ke jiki," in ji ta. "Shi kaɗai ta taɓa ɗauka a duniya. Bugu na uku nata ne. Duba."

Ya duba. Inda hoton yake babu komai sai farin tabo da ɗan gefen ɗankwali. A karo na farko a rayuwarsa Hula Bakwai ya buɗe baki bai sami muryar kowa a ciki ba. Amma girman kai bai sake shi ba. Maimakon ya durƙusa gaban tsohon, sai ya ce kada kowa ya damu, shi ya san manya, gobe-gobe zai gyara komai.

Kashegari ya je ofishin kula da baƙi da baƙin tabarau. Ma'aikata suka yi murna da ganinsa, suka ɗauki hoto da shi, wani ma ya buga masa ƙirji don ya nuna ya iya. Da aka zo maganar aiki kuwa, fuska ta canza. Aka ce ranar sabuntawa ta wuce, takardar asali ba ta karantuwa, fayil ɗin shekara arba'in kuma an nema ba a gani ba. Doka ta ce mai ita ya fita cikin kwana talatin, ya nemi sabuwa daga ƙasarsu. Hula Bakwai ya kira manyan da yake taƙama da su. Wanda ya ɗauka ya ce yana taro, sauran ko ɗauka ba su yi ba.

Baba Tela ba shi da kowa a tsallake sai wani ɗan ɗan'uwansa da bai taɓa gani ba, ga idanunsa sun fara rauni. 'Yarsa ta fara haɗa kaya, nata da nasa da na yarinya. Hula Bakwai ya tsaya a ƙofar ɗaki ya ce bai ba ta izini ba, ita ai 'yar ƙasa ce, babu wanda ya kore ta.

"Kai ka kore ni," ta ce, "ranar da ka ce min ku. Ubana ba zai tafi shi kaɗai ba. Ko in raka shi da aurenka a kaina, ko in raka shi babu shi. Zaɓi ɗaya."

Ya ce ta tafi, ya ga yadda za ta yi mako biyu a ƙasar da ba ta san kowa ba. Ranar tafiya ko tasha bai raka su ba, wai yana da ɗauka.

Ɗaukar ma ba a yi ba. Hoton da samarin suka ɗauka ya bazu a wayoyi, kowa ya ga tsoho a cikin kwata. Mutanen da jiya suke bugun ƙirji yau su ne kan gaba wajen Allah wadai. Jaridu suka rubuta, masu talla suka janye. Furodusa, wanda ya fi kowa faɗuwa ƙasa don dariya, ya shiga rediyo ya ce dama gidansu bai taɓa jin daɗin wannan wasa ba. Aka soke shirin. Mai gadin da ke ƙame masa ya miƙo masa jakar huluna ta saman ƙofa.

Bayan wata uku na zaman gida shi kaɗai, ya haɗiye girman kai ya koma tsohon zaure. Darakta bai yi masa faɗa ba, bai kuma yi masa maraba ba. Ya nuna masa ƙusa. Hula ta bakwai tana nan inda ya bar ta, ƙura ta rufe ta. Ya ce ya kaɗe ta ya hau ranar Asabar.

Baƙi ko ɗaya bai zo ba. 'Yan ƙasa ne suka cika rabin kujeru. Ya sa hular, ya fara kwatancen hanyar asibiti, wasan da a da ake riƙe ciki saboda shi. Zaure ya yi tsit. Can wani ya daka tsawa daga baya ya ce ba zagi suka zo ji ba, a yi musu Mai Takarda. Wasu suka ɗauka, wasu suka tashi suna ce masa mugu, ƙungiyoyin biyu suka kaure da cacar baki, robar ruwa ta same shi a kafaɗa. Da aka watse, darakta yana jera kujeru ya ce masa, "Shekara biyu kana koya musu cewa abin dariya kullum wani ne. Sun koya. Ni ba ni da abin da zan yi maka."

Mako biyun da ya yanka wa matarsa suka zama wata bakwai. Ba ta ɗaukar wayarsa. Gidan ya yi masa faɗi, takalman makarantar yarinya da suka yi mata kaɗan suna nan bayan ƙofa. Daga ƙarshe ya sayar da motar, ya hau bas zuwa iyaka.

Ya manta cewa talabijin ba ya tsayawa a iyaka. Jami'in farko da ya karɓi fasfonsa ya dubi hoto, ya dube shi, ya kira abokan aikinsa. Babu wanda ya nemi ɗaukar hoto da shi. Suka zaunar da shi a benci tun hantsi har la'asar, mutanen da suka zo bayansa suna ta wucewa. Duk wanda ya gifta sai ya tambaye shi ko suna nan. Daga bisani babbansu ya buga hatimi a wata 'yar takarda, ya ce kwana bakwai aka ba shi, in ta ɓace ko ta jiƙe, to a ɗakin tsaro zai yi bayani. Yana fitowa aka fara yayyafi. Ya ruga wurin mai tebur ya sayi leda, ya naɗe takardar, ya roƙi roba ya ɗaure, ya cusa cikin riga.

Kwana biyu ya yi yana neman gidan. Ba ya jin harshensu sosai, in ya yi magana yara su kwaikwayi bakinsa. In ya hango mai kaki sai ya sauka daga kan hanya. Wani mai gadin kanti ya yi masa tambaya, sai ya ji kansa yana cire hula tun kafin ya gane abin da aka ce.

Ya same su a ɗaki ɗaya bayan wani shagon kayan gini. Matarsa tana guga a bakin ƙofa, kayan mutane tuli a gefenta. Ta amsa sallamarsa kamar yadda ake amsa wa mai karatun mita. Yarinyar ta ƙara tsawo, ta gaishe shi daga bayan uwarta, ba ta matso ba. A ciki Baba Tela na zaune a kan tabarma, idanu sun tafi gaba ɗaya, yana ɗinka maɓalli da lalube, gwangwanin biskit a cinyarsa.

Hula Bakwai ya zube a gabansa ya yi kuka, kukan gaske, ba na dandali ba. Ya nemi gafara, ya ce zai yi duk abin da aka ce. Tsohon ya bar shi ya gama, sannan ya ce abin da ke nasa ya yafe, shagon da garin da shekara arba'in duk ya bar wa Allah. Fuskar marigayiya matarsa ce kawai ba shi da inda zai samo, don tun da ido ya tafi ita ma ta fara dushewa a ransa. Maganar komawar 'yarsa gidan aure kuwa, ya ce ba tasa ba ce, a tambayi mai ita.

Mai ita ba ta ko ajiye dutsen guga ba. Ta ce ba ta komawa gidan da ake auna mutum yana cin abinci. In yana son ganin 'yarsa, hanya ga ta nan, ya riƙa neman izini yana zuwa kamar kowane baƙo.

Ya zauna har ya ga babu sauran abin cewa. Ya yi sallama ya tashi. Da ya kai bakin ƙofa, bai san lokacin da hannunsa ya tafi ƙirji ba, ledar ta yi ɗan ƙara a ƙarƙashin riga.

Tsohon ya ɗaga kai. "Yanzu ka iya, ɗana," in ji shi. "A talabijin da ƙarfi kake bugawa. Mai tsoro a hankali yake bugawa."

Hula Bakwai ya tsaya hannunsa a ƙirji. Sau ɗaya ya buga, don takarda ɗaya gare shi, kuma tasa ce shi kaɗai. Ya fita ya kama hanyar iyaka, saura kwana huɗu a takardarsa.

Darasin wannan labari a fili yake. Dariya abu ne mai kyau in ana yin ta tare, amma ranar da ka cire kanka daga cikin waɗanda ake yi wa ita, ta zama makami, kuma ba kai ke zaɓen wanda zai ɗauka ya yi sara da ita ba. Kafin ka mai da ɗabi'ar wani abin nishaɗi, tsaya ka tambayi abin da ya jawo ta, don sau da yawa abin da ka gani abin dariya, tsoro ne ko baƙin ciki da mutum ya daɗe yana ɗauke da shi. Kada ka sayar da mutuncin wanda ya amince da kai don tafin mutanen da gobe za su juya maka baya. Kuma ka tuna, wanda kake kira baƙo a yau, tsallake ɗaya ne tsakaninka da zama irinsa.